Gwaggo, za su ɗauki Bahausa ta karanta labarai a talabijin kuwa?

"Assalamu alaikum Gwaggo. Ni yarinya ce daga Gadarif a Sudan, shekarata 19, na gama sakandare ina jiran shiga jami'a. Tun ina ƙarama in an fara labaran dare nake zama gaban talabijin ina kwaikwayon masu karantawa, burina kenan a duniya. Amma ƙawayena sun ce ba a ɗaukar irinmu, wai Larabcinmu akwai Hausa a ciki, kuma sai kina da wasɗa, wato wani babba da zai tsaya miki, ko ke fara ce kyakkyawa. Babana shi kuma ya ce 'yarsa ba za ta zauna duniya na kallonta ba. Dan Allah yaya aikin nan yake a gaskiya, ta ina ake farawa, kuma mace na iya aure da shi?"

Wa alaikumus salam 'yata. Na karanta saƙonki sau biyu saboda ya tuna min da kaina a Madani lokacin ina kamarki. Abin da na fahimta kina tambaya shi ne ko harshenki zai tare miki hanya, sannan mene ne ainihin aikin da rayuwar da ke cikinsa, sai kuma maganar Baba. Na yi sama da shekara ashirin tsakanin rediyo da talabijin, na fara daga ɗakin rubuta labarai kafin a taɓa barina na zauna gaban kyamara, to zan gaya miki abin da idona ya gani.

Bari in fara da abin da ƙawayenki ba su sani ba. Wannan da kike gani a allo, mace cikin tob mai kyau, wato lulluɓin matan Sudan, ta zauna tana karatu cikin natsuwa, rabin sa'a ne cikin yini guda. Sauran yinin a ɗakin labarai yake ƙarewa. Muzi'a ta gaskiya, yadda muke kiran mai karanta labarai a wurin aiki, tana isa sa'o'i uku ko huɗu kafin nashra, wato lokacin karanta labarai, ta zauna da edita ta bi labari ɗaya bayan ɗaya, wanda bata gane ba ta tambaya, sunan da bata taɓa ji ba ta nemi yadda ake faɗarsa, jimlar da tayi tsawo har numfashi ba zai kai ba ta yanke ta gida biyu. Wadda ta zo minti ashirin kafin lokaci ta wuce ɗakin kwalliya kai tsaye ta fito ta karanta abin da wani ya rubuta, wallahi mai kallo a gida yana ganewa ko bai san dalili ba, domin idonta na bin kalmomi amma muryarta bata san inda labarin ya dosa ba. Na ga masu kyau da murya kamar sarewa sun zo sun tafi cikin shekara biyu, na ga kuma wadanda ba wanda zai waiga ya kalle su a kasuwa amma in sun buɗe baki gida yake yin tsit.

Maganar harshe

Nan zan daɗe saboda nan ne ciwon yake. Eh gaskiya ne akwai Hausa a Larabcinmu. Mukan sassauta harafin ainun da ha mai kauri, sa mai ɗigo uku mu mayar da ita sa kawai, kuma kakanninmu lallausan harafin nan na dadun la suke karanta shi, shi ya sa a Hausa muke da alƙali da alwala da farilla da lamiri. To amma ki saurari wanda yake miki gorin. Ɗan Sudan in ya zo karanta fusha, wato daidaitaccen Larabci, ƙafun ɗinsa yakan zame ya koma gainun, har kalmar istiƙlal wato 'yancin kai ta fito kamar istiglal wato ci da gumin mutane, kuma wannan kuskure ne da malaman karatu a gidajen watsa labarai suke fama da shi kullum. Bamisre jimun ɗinsa ga yake cewa. Larabcin labarai ba wanda ya sha shi a nono, kowa koyonsa yake, da ɗan Shandi da ɗan Nyala da 'yar Gadarif.

Kuma mu muna da wata riba da ba mu lura da ita. Yawancin yaranmu sun zauna gaban malam da allo, an murɗe musu kunne a kan makhraji tun suna shekara biyar. Ranar da aka gwada muryata a karon farko, dattijon da yake sauraro ya tsayar da ni ya ce a wace khalwa, wato makarantar allo, kika yi karatu, domin ya ji ina ba madda haƙƙinta ina fitar da ƙafun daga inda take. In kin yi tajwidi to kin riga kin yi rabin tafiya, in ba ki yi ba ki koma ki yi, ba don talabijin kaɗai ba.

Sauran rabin shi ne nahawu, kuma shi ne yake kayar da mutane. Rubutun da za a miƙo miki ba wasali a jikinsa. Haruffa uku ɗin nan, ƙafun da ta da lamun, za ki iya karanta su ƙatala ya kashe, za ki iya karanta su ƙutila an kashe shi, kin ga canjin wasali kawai ya mayar da mamaci makashi a kunnen miliyoyin mutane. Shi ya sa har na bar aiki ba na shiga sitidiyo sai da jan biro, ina bi ina sa wasali da hannuna. Ga babin ƙidaya, inda za ki ce salasatu rijalin amma salasu nisa'in, namiji ya ɗauki alamar mace, mace ta ajiye tata, kuma labarai cike suke da lambobi, kuɗin kasafi, yawan buhunan riɗi, shekaru. Akwai maganar da ake yi a ɗakunan labarai, sakkin taslam, wato ki sa sukun a ƙarshen kalma ki tsira. Tana ceto a ranar da labari ya shigo da gaggawa, amma wadda ta mayar da ita abincin kullum masu sani suna jinta.

Abin da nake sa masu koyo su yi, kuma ba ya buƙatar ko fam ɗaya, shi ne ki ɗauki labari guda daga jarida ko intanet, ki sa masa wasali, ki karanta da ƙarfi kina ɗaukar muryarki a waya, sannan ki saurara. Karon farko za ki ji ba daɗi, kowa haka yake ji. Ki yi kullum minti goma sha biyar bayan asuba. Ki nemi malamin Larabci guda, ko na makarantarku ta da, ki riƙa tura masa ya nuna miki inda kika yi lahani. Ni nakan karanta kamar kalma 120 a minti, in kin wuce haka da yawa tsohuwa a ƙauye ta ɓace miki, in kin yi ƙasa sosai kamar kina wa'azi. Ki kuma saurari tafsirin marigayi Farfesa Abdullahi Ɗayyib da rediyon Omdurman ya daɗe yana sawa, wanda Shehu Siddiƙ Ahmad Hamdun yake jan baƙi. Mutumin nan teku ne a Larabci, har Kano ya zauna ya jagoranci kwalejin Abdullahi Bayero, amma ki ji yadda yake ɗauko magana mai nauyi ya sauke ta har mai sayar da shayi ta gane. Abin da ake so daga mai karanta labarai kenan.

Sannan dan Allah kar ki yar da Hausarki. Na san yaranmu da yawa a Khartum da Madani da suke ɓoye ta a makaranta don kar a ce musu Fallata ko Takari da sigar raini, ni ma na yi shekaru ba na amsa waya da Hausa a ofis, kuma yau abin yana damuna. Ranar da Shugaba Umaru Musa 'Yar'aduwa ya rasu a watan Mayun 2010, abokan aikina har da manya sun zo teburina suna tambaya yaya ake faɗar sunan nan, yaya ake faɗar Katsina. Daga ranar duk labarin Najeriya da Nijar ni ake kawo wa. Kuma kasuwar Hausa ba ƙarama ba ce, BBC na watsa Hausa tun 1957, Muryar Amurka ta fara a 1979, ga DW ga RFI, Arewa24 ta buɗe a 2014, TRT Afrika ta zo a 2023 da sashen Hausa. Yarinyar da take da fusha mai kyau da Hausa mai kyau tana iya fassara kai tsaye daga wannan zuwa wancan, irinta ba su da yawa. Sai dai ki sani Hausarmu ta Sudan ta sha Larabci sosai, muna cewa mushkila da mustashfa da hukuma, to in Hausar watsa labarai kike so sai kin zauna kin saurari yadda suke cewa matsala da asibiti da gwamnati, kin koyi rubutun boko da ƙa da ɗa da ɓa yadda ya kamata.

Batun wasɗa da farar fata ba zan yi miki ƙarya ba, akwai. Na taɓa zama shekara uku ina rubuta wa wasu labarin da suke karantawa, wasu cikinsu bayana suka zo, wani shugaban sashe ya ce min a fuskata wai muryata ta rediyo ce, na kuma gane abin da yake nufi. Na yi kuka a hafila, wato bas, har gida. Amma ranar da wadda take kan jadawali bata samu zuwa ba, labari kuma ya rikice ana ta canza shi, ba wanda ya san shi ciki da waje sai ni da na rubuta. Haka na fara. Wasɗa tana iya buɗe wa mutum ƙofa, bata iya karanta masa labarin gaggawa in otokiyu, wato na'urar da rubutun labarin ke gudana a kanta gaban kyamara, ya tsaya. Kuma ina roƙonki kar ki taɓa man bilicin saboda allo, na ga yadda fitilun sitidiyo suke tona fatar da aka ɓata.

Ta ina ake farawa

Ki yi jami'a, wannan ba ja. Jami'ar Musulunci ta Omdurman tana da kulliyar i'ilam, wato tsangayar aikin jarida, Jami'ar Sudan ta Kimiyya da Fasaha ma tana koyar da fannin sadarwa. Amma ra'ayina, kuma wasu abokan aikina ba su yarda da ni ba, shi ne in kin samu Larabci ko shari'a ko tattalin arziki ko siyasa ki karanta, dabarar kyamara ana koyonta cikin watanni, ilimin da za ki yi wa minista tambaya da shi kuwa sai an zauna. Zainab Badawi da aka haifa a Sudan a 1959 ta girma a Landan, falsafa da siyasa da tattalin arziki ta karanta a Oxford kafin ta zama mai gabatar da labarai a Channel 4 daga baya BBC.

Tun kina ɗaliba ki je gidan rediyon jiharku ki ce kin zo tadribi, wato koyon aiki, ko ba ko sisi. In suna da shirin Hausa ki fara da shi. Rediyo ita ce makarantar gaske domin ba fuska ba tob, murya ce kawai da abin da ke kanki. A ƙasar nan ma ita ce babba, rediyon Omdurman tun 1940 take, talabijin sai 1962 ya zo, kuma manyan masu karatun da muka tarar kusan duk daga makirufon rediyo suka taso. Daga tadribi sai a ɗauke ki muta'awina, wato ma'aikaciyar wucin gadi, ana biyanki gwargwadon abin da kika yi, kuɗin kuma yakan yi wata da watanni bai fito ba, wasu suna shekaru a wannan matsayi kafin a tabbatar da su. Ki karɓi aikin fita waje in an ba ki, ki je kasuwar amfanin gona ta Gadarif lokacin riɗi da dawa ki yi rahoto, ki je asibiti, ki je sansanin 'yan gudun hijira. Wadda ta taɓa tsayawa cikin rana tana neman wanda zai yi magana, in ta zauna a sitidiyo ta san tambayar da za ta yi wa wakili.

Cikin sitidiyo kuma abin da ba a gani daga gida shi ne sama'a, 'yar na'urar sauraro da ke kunnenki. Kina karanta labari darakta yana magana a ciki, saura daƙiƙa goma, hoton bai zo ba ci gaba, baƙon ya yanke, tsallake labari na biyar. Bakinki na faɗar abu ɗaya kunnenki na jin wani, fuskarki kuma bata isa ta nuna ba. Kullum ki riƙe takarda a gabanki kina juya shafi daidai da otokiyu ko da yana tafiya lafiya, ba a fafe gora ranar tafiya. In kin yi kuskure ki ce afwan ki gyara ki wuce. Kuma ki girmama mai kyamara da mai sauti da mai fitila, ki san sunayen 'ya'yansu, ki ci faɗur, wato karin kumallo, tare da su a tire ɗaya, ranar da abu ya lalace su ne suke rufa miki asiri.

Nauyin da ke ciki

Akwai abin da ya kamata ki sani tun yanzu. A Sudan gidan rediyo da talabijin wuri ne da masu neman mulki suke fara nufa. An ji sanarwar soja a 1958, an ji a 1969, an ji a 1989, ranar 11 ga Afrilun 2019 mutane sun wuni gaban allo ana kiɗan soja suna jiran bayani. Da yaƙi ya ɓarke ranar 15 ga Afrilun 2023 ginin rediyo da talabijin na Omdurman na cikin wuraren farko da aka yi faɗa a kansu, watsa shiri ya koma Bur Sudan, ma'aikata suka watse, wasu Masar wasu Saudiyya wasu ƙauyukansu. Ni kaina na bar Madani a Disamban 2023 da jaka ɗaya. To mai karanta labarai a irin wannan ƙasa wata rana za a miƙo mata takardar da zuciyarta bata yarda da ita ba. Dokar da na riƙe wa kaina ita ce duk maganar da ba ni da tabbacinta sai na jingina ta ga mai ita, in ce kakakin soja ya ce, ma'aikatar ta ce, ba na faɗa da bakina kamar na gani. Kuma kalmar cin mutuncin wata ƙabila ba ta fita daga bakina ko wa ya rubuta, na taɓa ajiye takarda a kan haka aka cire ni daga jadawali na wani lokaci.

Dare mafi tsanani a aikina shi ne a Yulin 2022 lokacin rikicin ƙabilanci na jihar Nilu Shuɗi, wajen Damazin da Rusairis. Mutanenmu Hausawa ne a cikin labarin, ina da dangi a can waya bata shiga. Na karanta kamar yadda zan karanta na kowa, ban ƙara ba ban rage ba, domin a gidajen ɗaya ɓangaren ma akwai uwayen da suke kallo suna kuka. Da aka kashe fitila na kasa tashi daga kujera, mai kyamara ne ya kawo min ruwa. Ki tambayi kanki ko za ki iya wannan, in kin ji za ki iya to aikin naki ne.

Kuɗi kuwa kar ki sa rai da yawa a gida. Mutane za su gane ki a kasuwa su ɗauka kina da dukiya har mai raksha, wato babur mai ƙafa uku, ya ƙara miki kuɗi, alhali albashin da ƙyar yake kai ƙarshen wata, kuma tob da kwalliya sau da yawa daga aljihunki. Masu samun abin kirki su ne wadanda suka tsallaka manyan tashoshin Larabawa, Aljazira da ta fara a Doha a 1996, Al'arabiyya da ta fara a 2003, kuma su ma ba sa ɗaukar sai wanda ya riga ya goge a gida.

Baba da maganar aure

Kar ki yi fito na fito da Baba. Tsoronsa na gaskiya ne, yana jin maganar mutane a masallaci da majalisa, yana tunanin dawowar dare da cuɗanya da maza. Nawa mahaifin ma sai da ƙaninsa ya sa baki. Ki nemi wanda yake jin maganarsa, kawu ko gwaggo ko limamin unguwa, ki fara da neman izinin karatun da rediyo, kar ki fara da talabijin. Ki bar shi ya ji muryarki tana karanta abu mai amfani, ko shirin lafiya ne ko na manoma, har abokansa su ce Alhaji jiya mun ji 'yarka. Nawa ranar da ya fara jina bai ce komai ba, amma washegari ya sayo sabon batir. In ya kawo maganar al'ada ki tuna masa cikin ladabi cewa a Rufa'a nan kusa Babikir Badri ya buɗe makarantar 'yan mata a 1907 mutane suna ta surutu, kuma Zainab ɗin da na ambata daga zuriyarsa take. Ko Saudiyya a 2018 mace, Wi'am Addakhil, ta karanta babban labaran dare a tashar gwamnati ta ɗaya. Shigarki kuma a hannunki take, na yi aikina duka da ɗarha, wato mayafi, da tob ba wanda ya ce in cire.

Aure ana yi, na yi na haifi huɗu. Amma ki faɗa wa mai nemanki gaskiya tun kafin a kawo kaya, cewa akwai aikin dare, akwai ranar Idi da za ki kasance a sitidiyo, akwai buɗa-bakin azumi da za ki yi da dabino a bayan kyamara. Wanda ya ce ya yarda yana tunanin zai canza ki bayan biki, da shi ake samun matsala. Ni surukata ce ta riƙe min yara a daren aiki, Allah ya jiƙanta, ba don ita ba da ban kai ko'ina ba.

Iyakar abin da zan iya daga nesa kenan 'yata, domin ni 'yar zamanin sitidiyo ce, ku kuma kun taso lokacin da yarinya za ta iya fara karanta labaran unguwarsu da waya a Facebook ko YouTube mutane su santa kafin wata tasha ta kira ta, a wannan fannin matasa sun fi ni. Kuma ba zan yanke hukunci a kan muryar da ban ji ba. Ki ɗauki labari ɗaya na minti biyu, ki karanta shi da fusha, ki sake karanta shi da Hausa fassararki da kanki, ki turo min duka biyun in saurara, sai in gaya miki harafin da za mu fara gyarawa. Ki gaishe min da Baba da mutanen gida.